Haba-Haba da Ta Ciki Na Ciki: Tarihin Wata Gaisuwa a Bompai da Sharaɗa da Chalawa

Akwai wata kalma a Turancin mutanen Amurka wadda takan tsaya wa mai fassara a maƙogwaro, wato “glad hand”. Idan aka bi ta gaɓa-gaɓa, ma'anarta ita ce hannun farin ciki, ko hannu mai murna. Amma duk wanda ya rubuta haka a littafinsa ya yi aikin banza, domin Bahaushe ba zai fahimci komai ba, kuma shi kansa Baturen ba abin da yake nufi ke nan ba. Abin da yake nufi shi ne irin gaisuwar nan ta mutumin da zai taho da sauri, baki har kunne, ya kama hannunka da hannuwansa biyu, ya girgiza, ya dafa maka kafaɗa, ya tambayi iyali da yara, alhali ko sunanka bai riƙe ba, idonsa kuma yana kan wanda zai gaisar bayanka.

Kalmar ta ɓulla a rubuce a Amurka wajen shekarar 1895. Da farko ba ta da wani aibi, kyakkyawar tarba kawai take nufi. Ba a daɗe ba aka mayar da ita aikatau, aka kuma samar da sunan mai yin ta, daga nan zargi ya lulluɓe ta, saboda irin mutanen da aka fi gani suna yin wannan gaisuwa: 'yan siyasa lokacin neman ƙuri'a, da masu yawon tallan kayan kamfanoni, da masu otal. A can ƙasar, shan hannu da jama'a wani aiki ne mai zaman kansa ga shugaba. Ranar 1 ga Janairun 1907 Shugaba Theodore Roosevelt ya yi musafaha da mutum fiye da 8,000 a fadarsa cikin yini guda. Wanda ya gada kuwa, William McKinley, a kan layin gaisawa da jama'a aka harbe shi a 1901, maharbin ya ɓoye bindiga a ƙarƙashin hankici. A 1950 wani masanin zamantakewa, David Riesman, ya ɗauki kalmar ya sa ta a kan wani babi na littafinsa, inda ya nuna cewa a manyan kamfanonin zamani gwanintar sarrafa mutane ta fara fin gwanintar sarrafa ƙarfe da inji daraja. Wanda ya iya fara'a ya hau, wanda ya iya aiki ya tsaya a inda yake.

To, mu fa? Ba mu rasa kalmomi ba, hasali ma mun fi Bature yawansu a wannan fage. Muna cewa an yi haba-haba da baƙo, ko ana nan-nan da shi. Muna da ganin ido, da daɗin baki, da romon baka, da yaƙe, wato murmushin da ya tsaya a haƙora. Idan maƙiya biyu suka gaisa a gidan suna mukan ce sun gaisa, amma ta ciki na ciki. Sa'an nan ga fadanci da bambaɗanci da tumasanci. Sai dai idan mai karatu ya zauna ya auna waɗannan kalmomi zai lura da wani abu: mafi nauyinsu, waɗanda suka zama sunan hali ko sana'a, duk daga ƙasa suke duban sama. Bafade ne ke yi wa sarki, maroƙi ke yi wa mai kuɗi, talaka ke yi wa mai mulki. Har karin magana muka yi domin wanke mai yin haka, muka ce durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne. Ita kuwa kalmar Amurka daga sama take gangarowa. Babba ne ke miƙa wa ƙarami hannu, yana nuna masa wai su ɗaya ne, domin akwai abin da yake so a wurinsa. Wannan bambanci shi ne ya sa ba ta fassaruwa da kalma guda, kuma ina ganin babu inda za a ga yadda irin wannan gaisuwa ta shigo mana kamar unguwannin masana'antu na Kano.

A Kano ta dauri babba ba ya miƙa wa talaka hannu. Talaka ne zai tuɓe takalmi tun daga nesa, ya zube, ya yi jinjina, kuma sau da yawa ba ma zai ji muryar wanda ya gaisar ba, dogarai ne za su amsa masa da cewa an gaishe shi. Musafaha ta tsara ce da tsara, ko ta malamai, ko ta masallata bayan an idar da salla, inda kowa zai mayar da hannu ƙirji. Ita kanta kalmar gaisuwa tana da ma'ana ta biyu da kowa ya sani, wato abin da ƙarami ke riƙewa a hannu idan zai je wurin babba. Har yau muna kai kuɗin gaisuwar iyaye wajen neman aure. Turawan mulki sun yi ta ƙoƙarin hana hakimai da dagatai karɓar gaisuwa, ba su ci nasara ba. Wurin da za a ce an san haba-haba ta neman riba shi ne kasuwa, wajen dillalai da masu masaukin fatake, waɗanda ke tarbar baƙo da fura da shimfiɗa domin kada kayansa su sauka a gidan wani. Da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, cinikin gyaɗa ya buɗe a shekarar da ta biyo, sai wannan dabara ta bunƙasa: yaran kamfanoni da na Kwarori da na attajiran gari suna tare manoma a hanya, kowa na jan su zuwa sikelin ubangidansa. Amma a nan kowa ya san dawan garin. Manomi ya san don tuwon gobe ake wanke tukunya, bai kuwa ɗauka ɗan baranda ya zama ɗan'uwansa ba.

Bompai, wadda ke arewa maso gabas da birni, ita ce unguwar masana'antu ta farko, tun shekarun 1950. Nan aka jera kamfanonin matse gyaɗa, da na turare, da na kwanon sha da fanteka, da na alewa, da na saƙa, da na haɗa kekunan Raleigh, daga baya kuma kamfanin fulawa na Arewa da aka kafa a 1971. Ma'aikatan suka cika Tudun Wada da Gwagwarwa da Dakata. Da yawansu manoma ne da suka zo ci-rani suka zauna, da kuma gardawa da almajiran da suka bar allo suka kama inji. Wani Ba'amurke, Paul Lubeck, ya zauna da su a farkon shekarun 1970, ya rubuta littafi a kansu da ya fito a 1986, kuma abin da ya yi ta ji a bakinsu, bayan ƙarancin albashi, shi ne maganar mutunci: zagi daga masu kula da aiki, da wahalar samun lokacin salla.

Ya kamata marubuci ya tsaya ya yi tunanin abin da masana'anta ta yi wa gaisuwar Bahaushe. Gaisuwarmu mai cin lokaci ce. Sai an tambayi kwana, an tambayi gajiya, da iyali, da aiki, da sanyi ko zafi, a yi ɗan shiru, a sake ɗaukowa daga farko. Wanda ya gajarta ta an san akwai magana. To ga jiniya ta busa, ga kati ana bugawa a ƙofa, ga inji yana ƙara har ba ka jin na kusa da kai. Mutumin da ya tashi a ƙauyen da ba a wuce mutum sai an tsaya, ya wayi gari yana aiki a ƙarƙashin manajan da zai wuce shi shekara guda bai ce masa sannu ba. Tsohuwar gaisuwa mai duban sama kuwa ba ta mutu ba, wuri ta sake. Ta koma bakin ƙofar kamfani, inda masu neman aiki ke yin dafifi da asuba, ta koma gidan helma da gidan akawu, inda ake zuwa da yamma da ɗan goro a aljihu da “ranka ya daɗe” a baki.

A 1970 gwamnatin Gowon ta naɗa kwamitin Simeon Adebo kan albashi. Da kamfanoni masu zaman kansu suka yi ta jan ƙafa wajen biyan ƙarin da ariyas ɗinsa, leburorin Kano suka yi yajin aiki a 1971, suna bi kamfani-kamfani suna fito da 'yan'uwansu. Irin wannan ta sake faruwa a ƙasar bayan ƙarin albashin Udoji na 1974 zuwa 1975. Daga irin waɗannan ranaku ne masu kamfanoni suka koyi cewa lebura ma abin a yi wa murmushi ne. Aka samu ofishin kula da ma'aikata, da jami'in da aikinsa shi ne ya san sunan shugabannin ƙungiya, ya gaishe su hannu da hannu, ya ba su kujera da lemo, ya ce musu ai duk ɗaya muke. Abin da Riesman ya gani a Amurka ke nan ya iso Bompai, ba tare da kowa ya karanta littafinsa ba.

Amma babbar kasuwar haba-haba a sama ta ci. A 1972 aka yi dokar mayar da kamfanoni hannun 'yan ƙasa, aka ƙarfafa ta a 1977, inda aka kasa sana'o'i gida uku: waɗanda sai ɗan ƙasa kaɗai, da waɗanda 'yan ƙasa za su riƙe kashi 60 cikin 100, da na kashi 40. A daidai wannan lokaci ne kuɗin man fetur suka kwararo, aka buɗe Sharaɗa a kudancin birni kashi-kashi, sa'an nan Chalawa can wajen Fanshekara kusa da kogi, inda kamfanonin jima da na lemon kwalba da na robobi suka sauka. Kwatsam sai Bature da Bakware da Ba'indiye suka wayi gari suna buƙatar Alhaji. Wanda jiya yake jira a benci a gaban ofis, yau an fito har bakin mota an tarbe shi, ana rungumarsa, ana kiransa ciyaman ko darakta. Ba za a yi musu kuɗin goro ba. Akwai 'yan kasuwar Kano irin su Alhaji Aminu Dantata da Alhaji Isyaku Rabi'u da Alhaji Nababa Badamasi, mai masaƙar Gaskiya, waɗanda suka zuba dukiyarsu suka kafa masana'antu na haƙiƙa. Amma sanannen abu ne a duk faɗin ƙasar cewa an yi daraktocin da ba su da komai a kamfani sai suna a takarda da hoto a kalanda. Ana ba su kujerar gaba ranar biki, littafin lissafi kuwa yana ofishin da ba su shiga. A nan abin ya yi armashi, domin ƙarya biyu ce ta haɗu: baƙo na yi wa Alhaji fara'ar neman sa hannu, Alhaji na yi wa baƙo fara'ar neman kaso, kowa kuma yana ganin shi ne ya ci riba. Na daɗe ina mamakin yadda marubutanmu suka cika littattafai da attajirin da ya zo neman auren yarinya, ba su taɓa bin sa ofis sun nuna mana inda ya samo kuɗin ba.

Siyasa ta zo da tata. A nan ma sai an yi adalci, domin musafahar babba da ƙarami ba da ƙarya ta fara a Kano ba. Tun kafuwar NEPU a 1950, Malam Aminu Kano da mutanensa sun yaƙi zubewa da faɗuwa gaban masu sarauta, kuma akwai waɗanda suka sha bulala da ɗauri saboda ƙin yin haka. Ga talakan wancan zamani, shugaban jam'iyya ya zauna da shi a tabarma guda ya miƙa masa hannu ba ƙaramin abu ba ne, shela ce cewa shi ma mutum ne. Gwamnatin PRP ta Abubakar Rimi ce ta fara ba da hutun ranar ma'aikata a 1980, kafin gwamnatin tarayya ta bi sahu a 1981. Darajar da wannan hannu ya samu ita ce ta sa aka fara buga jabunsa, tun da ba a yin jabun kuɗin da ba ya ci a kasuwa. Kowane ɗan takara ya gane cewa a ƙofar kamfani, lokacin da masu aikin dare ke fita na safe ke shiga, zai sami ɗaruruwan masu ƙuri'a a tsaye wuri guda. A can sama kuma, zamanin Shagari, musamman bayan matakan tsuke bakin aljihu na 1982, lasin shigo da kaya ya zama zinare. Mai masana'antar da ke buƙatar sinadari ko kayan gyaran inji sai ya bi ɗan siyasar da aka ba lasin, wanda ko ƙusa bai taɓa ƙerawa ba, yana yi masa haba-haba domin ya sayar masa da takarda.

Sai 1986 ta zo da shirin SAP na gwamnatin Babangida. Aka soke lasin, aka saki naira, wadda ta faɗo daga kusan kunnen doki da dala zuwa wajen naira 4 cikin 'yan watanni, ta kai wajen naira 22 a farashin gwamnati a 1993. Kayan da ake shigowa da su suka yi tsada, wutar NEPA ta zama sai an gani, kamfanoni suka koma kan janareto da baƙin mai. A 1997 aka ɗage haramcin shigo da yadi, a 2005 kuma yarjejeniyar da ke taƙaita cinikin tufafi a duniya ta ƙare, atamfar Sin ta cika Kantin Kwari. Masaƙu suka rufe ɗaya bayan ɗaya, wasu gine-ginen suka zama rumbunan ajiye kayan waje.

A wannan zamani ne wata kalma tamu ta nuna fuskarta ta biyu, wato sallama. Da ita muke shiga gida, da ita muke rabuwa da baƙo, kalmar aminci ce tun asalinta na Larabci. Amma lebura ya san takardar sallama, ya san an sallami mutum ɗari biyu, ya san kuɗin sallamar da ake cewa a dawo wata mai zuwa. Ba mu ce kora ba, domin kora ta mai laifi ce, sai muka ari kalmar gaisuwa muka lulluɓe abin da ita. Turawa ma sun yi irin wannan, domin kuɗin da suke ba babban jami'i ya tafi salin-alin musafahar zinare suke kiransa. Bayan rufe kamfanonin kuma aka shiga zamanin ziyara: jerin gwanon motoci, babban baƙo da hular kwano, a zaga injinan da suka yi ƙura, a gaisa da tsofaffin ma'aikata, a yi alkawarin farfaɗowa. An ware naira biliyan 100 ta hannun Bankin Masana'antu domin auduga da masaƙu, NEPA ta zama PHCN a 2005, rarraba wutar Kano ya koma hannun KEDCO a 2013. Masana'antun jima da na robobi da na abinci suna nan suna aiki a unguwannin uku, amma masaƙun ba su koma yadda suke ba.

Saboda haka, ɗan'uwa marubuci, idan ka ci karo da wannan kalma a fassara, ko kana son ka zana mai irin wannan hali a labarinka, ka fara tambayar kanka wane ne ke buƙatar wani, kuma me yake nema. Idan ƙarami ne gaban babba, fadanci ne. Idan tsara ne masu jin haushin juna, yaƙe ne, ta ciki na ciki. Idan don mutane su gani ne, ganin ido ne. Idan kuwa babba ne ya sauko da fara'ar da ta fi ƙarfin sanayya, haba-haba ce ta fi kusa, amma sai ka ƙara mata wani abu, domin haba-haba kaɗai ba zagi ba ce, uwa ma tana yi wa ɗanta da ya dawo daga tafiya. Mafi kyau ma kada ka sa mata suna. Bahaushe ya ce labarin zuciya a tambayi fuska, to nuna mana fuskar. Ka sa ɗan takara ya riƙe hannun tsohon masaƙi yana tambayarsa lafiyar mai ɗaki, alhali matar ta shekara biyu da rasuwa, shi kuma tsohon ya amsa da “lafiya ƙalau, ranka ya daɗe”, don kunya ba za ta bar shi ya gyara masa ba. Mai karatu zai gane sauran. Kuma a kula kada a mayar da duk fara'a abin tuhuma. Mutanen da suka ce shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma ba wawaye ba ne, addini ma ya ƙidaya sakin fuska ga ɗan'uwa cikin sadaka, kamar yadda ya yi tir da mai fuska biyu.

Kalmar tana da wata ma'ana kuma, wadda ba kasafai ƙananan ƙamusoshi ke kawowa ba, ga shi kuwa kullum tana wucewa ta titunan Sharaɗa da Chalawa. Birkin tirela da iska yake aiki. Tsakanin kan mota da bodi akwai tiyo biyu, kowanne da wani ɗan ƙarfe mai faɗi a bakinsa, da zoben roba a tsakiya. Ana haɗa na kai da na bodi fuska da fuska, a murɗa, su sarƙe kamar tafin hannu biyu ana musafaha, don haka direbobin Amurka suka sa masa wannan suna. A motocinsu, irin su Mack, ɗaya ja ne ɗaya shuɗi, a na Turai kuwa ja da rawaya. Jan shi ke cika tankin bodi da iska, ɗayan ke kai saƙo idan direba ya taka birki. An yi shi yadda in bodi ya ɓalle daga kai, haɗin zai rabu, iska ta fice, birkin bodi ya kama da kansa. Idan kuwa robar ta cinye, ƙarfen zai sarƙe daidai a ido amma iska na zurarewa a hankali, sai a tsakiyar hanya tayoyi su ɗaure. Shi ya sa kafin direba ya bar Chalawa da lodin fata zuwa tashar jirgin ruwa ta Legas, yakan tara iska, ya kashe inji, ya sa yaron mota ya hau tsakanin kai da bodi ya kasa kunne ko zai ji huci.